Ben-Guriyon, Faraministan Farko na Isra'ila, da Irin Harsashin da Ya Aza

Ran Juma'a 14 ga watan Mayu 1948, da la'asar, wani gajeren dattijo mai furfura ya miƙe a cikin zauren gidan ajiye zane-zane na birnin Tel Abib, ya karanta takardar kafa ƙasar Isra'ila. Sunansa Dauda Ben-Guriyon, shekarunsa 61. A tsakar daren nan mulkin Ingila ya ƙare a Falasɗinu, kashegari kuwa rundunonin Masar da Jodan da Siriya da Iraki suka tsallako iyaka. Ƙasar da aka kafa a wannan rana, bisa iyakokin da yaƙi ya bar mata a 1949, ba ta kai jihar Doso faɗi ba, amma har yau duniya ba ta huta da zancenta ba. Wanda duk ke son ya fahimci yadda ake mulkinta, da abin da ya sa rigimarta ta ƙi ƙarewa, sai ya dubi ayyukan da wannan mutum ya zartar cikin shekaru 15 na farko.

An haife shi a 1886 a garin Polonsk na ƙasar Polan, wadda a lokacin take ƙarƙashin sarkin Rasha. Yana da shekara 19 ya sauka Falasɗinu, zamanin mulkin Turkawa, ya yi ƙodago a gonakin lemo, zazzaɓin cizon sauro ya sha kayar da shi. Daga 1921 zuwa 1935 shi ne magatakardan Histadrut, babbar ƙungiyar ma'aikatan Yahudawa, wadda ta mallaki asusun magani da banki da kamfanin gine-gine. Daga nan ya shugabanci Hukumar Yahudawa, wadda take tamkar gwamnati tun ba a sami ƙasa ba. Saboda haka ranar da ya hau kujerar faraminista ba baƙo ba ne ga sha'anin mulki, ya riga ya san inda kuɗi suke fitowa da kuma wanda ke riƙe da bindiga.

Maganar bindiga ce jarrabawarsa ta farko. Kafin 1948 Yahudawa suna da ƙungiyoyin yaƙi uku, kowace da shugabanninta: Hagana, wadda ke bin Ben-Guriyon, da Irgun ta Menahem Begin, da wata ƙarama mai suna Lehi. Ran 26 ga Mayu aka ba da dokar kafa rundunar soja guda ɗaya, aka hana kowa riƙe wata rundunar dabam. Ba a cika wata guda ba sai ga jirgin ruwa mai suna Altalena ya taso daga Faransa, ɗauke da mutane wajen 900 da dubban bindigogi na Irgun. Begin ya nemi a ware wa mayaƙansa wani kaso na makaman. Ben-Guriyon ya ce a miƙa su duka ga gwamnati. Aka ja, aka kasa daidaitawa, aka yi harbe-harbe, ran 22 ga Yuni ya ba da umurni aka buga wa jirgin igwa a bakin tekun Tel Abib, jama'a suna kallo, ya kama wuta. Mutum 19 suka mutu, 16 na Irgun, 3 sojan gwamnati. Begin, wanda yake cikin jirgin, ya tsira, daren nan ya hana mutanensa ramuwa, abin da ya kamata a lissafa masa. Shi kuwa Ben-Guriyon bai tsaya kan abokan hamayya ba. Kafin shekarar ta ƙare ya rushe hedikwatar Palmak, zaratan mayaƙan ɓangarensa, domin yawancin hafsoshinta suna bin wata jam'iyya. Masu zarginsa sun ce ya yi haka ne don ya share wa jam'iyyarsa fage, kuma akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Duk da haka, tun daga ranar har yau soja bai taɓa kifar da gwamnati a Isra'ila ba.

Ran 25 ga Janairu 1949, tun ba a sa hannu kan sulhun tsagaita wuta ba, aka yi zaɓen farko. Majalisar, wadda ake kira Keneset, tana da kujeru 120. Jam'iyyarsa ta Mapai ta sami 46, ta Begin ta sami 14. Tun da ana raba kujeru ne gwargwadon ƙuri'un da kowace jam'iyya ta samu a ƙasa baki ɗaya, Ben-Guriyon bai taɓa samun rinjayen 61 shi kaɗai ba, mafi yawan abin da ya samu 47 ne a 1959. Kullum sai ya haɗa gwiwa da ƙananan jam'iyyu, kullum kuma yana ƙorafi. Ya yi ƙoƙarin a sauya tsarin zaɓen, majalisa ta ƙi. Ƙa'idarsa ita ce ba zai kafa gwamnati da jam'iyyar Begin ko ta ƴan kwaminis ba, har ma ya daɗe ba ya ambaton sunan Begin a zauren majalisa. Amma bai rufe jam'iyyar ba, bai kori shugabanta daga ƙasa ba. Dattawan Dogon Dutsi da Tibiri da suka ga zamanin neman ƴancin kai za su tuna cewa a Nijar wata hanyar aka bi: an soke jam'iyyar Sawaba a 1959, Jibo Bakari ya yi gudun hijira, jam'iyya ɗaya ta riƙe ƙasa har ran 15 ga Afrilu 1974 da soja suka karɓe mulki daga hannun Jori Hamani. Begin kuwa ya zauna a majalisa yana faɗuwa zaɓe sau takwas, a 1977 ya ci, aka miƙa masa mulki ba tare da an harba ko harsashi ɗaya ba.

Majalisar 1949 an zaɓe ta ne musamman don ta rubuta kundin tsarin mulki, amma ba ta rubuta ba, kuma Ben-Guriyon ne kan gaba wajen hanawa. Hujjarsa ita ce yawancin Yahudawan duniya ba su iso ba tukuna, bai kamata ƴan kaɗan su ɗaure masu zuwa ba. Ban da wannan, jam'iyyun addini da yake bukata a gwamnati ba su yarda da wani kundi da zai hau kan Attaura ba, shi ma kansa ba ya son alƙalai su riƙa soke abin da majalisa ta zartar. A watan Yuni 1950 aka yanke cewa za a riƙa yin dokokin tushe ɗaya bayan ɗaya, wata rana a haɗa su. Ta farko ta fito a 1958, ranar haɗawar kuwa ba ta zo ba. Zanga-zangar da ta cika titunan Isra'ila a 2023, a kan iyakar ikon kotun ƙoli, daga wannan giɓi ta fito.

Haka ma yarjejeniyarsa da malaman addini. Shi ba mai tsananta ibada ba ne, amma tun a watan Yuni 1947 ya rubuta musu alkawari cewa Asabar za ta zama ranar hutu, za a kiyaye ƙa'idar abinci a ma'aikatun gwamnati, aure da saki za su bi shari'ar addini, makarantunsu kuma za su ci gashin kansu. A 1948 ya ɗauke wa almajirai wajen 400 aikin soja, yana ganin abu ne ƙarami. Almajiran nan sun zama dubun dubbai, har a watan Yuni 2024 kotun ƙoli ta ce dole a fara ɗaukarsu.

Babban abin da ya sa a gaba shi ne tara jama'a. Dokar Komawa ta 1950 ta ba kowane Bayahude na duniya ikon zuwa ya zauna. Ƙasar da ta fara da Yahudawa wajen 650,000 ta ninka kafin ƙarshen 1951: waɗanda suka tsira daga kisan gillar Hitila, da kusan 49,000 daga Yaman, da wajen 120,000 daga Iraki. Aka zuba su cikin tantuna da rumfunan kwano, ana raba abinci da tikiti. Waɗanda suka zo daga ƙasashen Larabawa sun sha raini daga shugabanni ƴan asalin Turai, aka tura da yawansu garuruwan bakin iyaka, kuma wannan ɗacin yana cikin abin da ya kai Begin ga nasara daga baya. Da baitulmali ya bushe, Ben-Guriyon ya amince a karɓi diyya daga Jamus ta Yamma. A watan Janairu 1952 masu adawa suka yi ta jifan majalisa da duwatsu har tagogi suka farfashe, bai janye ba, a watan Satumba aka sa hannu kan mark miliyan 3,000.

To, ina mutanen da aka tarar a ƙasar? Mutumin Arewa ya san nauyin wannan tambaya, domin a tarihin Dallol Mawri waɗanda suka zo daga baya suka riƙe sarauta sun bar wa Gubawa, masu ƙasa na farko, matsayinsu, Sarauniya tana Lugu, Baura yana Bagaji. A Falasɗinu abin bai tafi haka ba. A yaƙin 1948 Falasɗinawa wajen 700,000 suka bar gidajensu, waɗansu don tsoro, waɗansu korarsu aka yi da bakin bindiga, kamar mutanen Lidda da Ramla a watan Yuli. Gwamnatin Ben-Guriyon ta yanke cewa ba za su komo ba, aka rushe ƙauyuka fiye da 400, dokar 1950 kuma ta mayar da gonakinsu da gidajensu hannun hukuma. Wannan shi ne abin da Larabawa ke kira Nakba, wato babbar masifa. Waɗanda suka rage, kimanin 156,000, an ba su ƙuri'a, uku daga cikinsu sun shiga majalisar farko, amma an ɗora musu mulkin soja: Balarabe ba ya fita yankinsa neman aiki ko magani sai da takardar izini. Ran 29 ga Oktoba 1956 ƴan sandan iyaka suka harbe mutum kusan 50 na ƙauyen Kafar Ƙasim, yawancinsu suna komowa daga aiki ba su san an sa dokar hana fita ba. Ben-Guriyon ya yi tir da kisan, an hukunta masu laifin, amma ba su daɗe a kurkuku ba. Takardar da ya karanta a 1948 ta yi alkawarin daidaita kowa ba tare da duban addini ko ƙabila ba, sai ga shi duk lokacin da aka nemi a ɗage mulkin sojan shi ne ke tsayawa a kai. Magajinsa Lebi Eshkol ne ya ɗage shi a 1966.

A ƙarshen 1953 ya ajiye mulki don kansa, ya koma Sede Boker, wani ƙaramin ƙauyen haɗin gwiwa a hamadar Negeb, inda ruwan shekara ba ya kai milimita 100, abin da manomin Matankari ba zai ko fito da iri dominsa ba. Can ya yi kiwon tumaki, yana kiran samari su zo su rayar da hamada. A 1955 ya komo, a 1956 ya haɗa kai da Faransa da Ingila aka auka wa Masar, Amurka ta tilasta masa janyewa daga Sinai. A zamanin nan ne Isra'ila ta shiga neman abota da sababbin ƙasashen Afirka, tana aiko da masanan noma da na horar da matasa. Nijar ta yi hulɗa da ita har watan Janairu 1973 da ta yanke, ta maido a 1996, ta sake yankewa a 2002.

Ya sauka na ƙarshe a watan Yuni 1963. Ya ɓata da tsofaffin abokansa, ya kafa sabuwar jam'iyya a 1965, jama'a suka ba ta kujeru 10 kacal, ya zauna a ɓangaren adawa kamar kowane ɗan majalisa har ya bar siyasa a 1970. Ya rasu ran 1 ga Disamba 1973, makonni kaɗan bayan yaƙin Oktoba, aka binne shi a Sede Boker kusa da kabarin matarsa Paula.