Shirin Kare Kundin Digiri a Birnin Shehu

Tun kafin a kafa Jami'ar Sakkwato a shekarar 1975, wadda aka sake wa suna Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a 1988, malaman wannan ƙasa suna da hanyarsu ta tabbatar da ilimin almajiri. Idan ya sauke littafi a gaban malaminsa, sai a ba shi ijaza, wato izinin karantar da shi, tare da silsilar malaman da littafin ya biyo ta hannunsu. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo har littafi ya wallafa, Ida'un Nusukhi, inda ya lissafa malaman da ya ɗauki karatu wajensu da littattafan da ya karanta. Manufar ita ce kada mutum ya faɗi magana sai ya san inda ya samo ta.

To, wannan manufa ita ce ginshiƙin jarrabawar baka da ake yi wa mai neman digiri na biyu ko na uku. Bisa al'adar jami'o'in Nijeriya, ɗalibi yakan zauna gaban kwamiti wanda ya ƙunshi mai jarrabawa na waje, wato wani masani daga wata jami'a dabam, da mai jarrabawa na cikin gida, da shugaban sashe, da malamin da ya duba aikin. Abin da suke nema su gane abu uku ne: ko aikin nasa ne, ko ya san tushen hujjojinsa, da kuma ko ya ƙaro wani abu a fagen ilimi.

Saboda haka haddace shafuka ba shi ne shiri ba. Shiri na gaskiya shi ne ɗalibi ya koma kan kundinsa babi babi, kamar wanda bai taɓa ganinsa ba, yana tambayar kowace magana: daga ina? Idan daga littafi ce, sai ya nufi Ɗakin Karatu na Abdullahi Fodiyo ya tabbatar da shafi da shekarar bugu. Idan daga rubutun hannu ce, na Larabci ko na ajami, irin waɗanda ke ajiye a Hukumar Tarihi da Al'adu ta Waziri Junaidu, wajibi ne ya san wanda ya wallafa, da wanda ya kwafa, da ko akwai wani kwafi da ya saɓa masa. Idan kuwa daga bakin dattijo ce, lalle ya riƙe ranar hirar da wurinta, da dalilin da ya sa ya amince da ruwayarsa. A nan ne masu jarrabawa suka fi tsayawa, a nan ne kuma ɗalibai da yawa suke tuntuɓe.

Akwai abin koyi a aikin Murray Last, Baturen Ingila wanda ya zauna a Sakkwato a farkon shekarun 1960 yana ɗaukar karatu wajen Waziri Junaidu. Ya gina kundinsa na digiri na uku a Jami'ar Ibadan a kan littattafai da wasiƙun Larabci na shugabannin daular, aka kuma buga shi a 1967. Abin da ya sa aikin ya daɗe ana komawa gare shi, shi ne ana iya bin sawun maganganunsa har zuwa tushensu.

Har ila yau, ya kamata ɗalibi ya san inda aikinsa ya tsaya. Wanda aka tambaye shi abin da bai bincika ba, ya ce bincikensa bai kai nan ba, ya fi wanda ya shiga kame-kame daraja a idon malamai, domin sun daɗe da cewa faɗin "ban sani ba" rabin ilimi ne. Gyara kuwa ba kaye ba ne; da wuya kundi ya fita daga wannan zama ba a nemi a gyara wani abu a cikinsa ba.

Daga ƙarshe, shekarun da ɗalibi ya ɓatar, da dukiyar iyayensa, da sunan malaminsa, duk suna rataye ne a kan 'yan sa'o'in nan. Wanda ya shiga yana riƙe da silsilar kowace hujja tasa, ya shiga da guzurin da magabatansa suka san darajarsa. Allah ya sa a dace.