Daga kazagi zuwa ganga: Ina makaɗan noman Kura da Bunkure suka shiga?

A da, idan za a yi gayya a ƙauyukan Kura da Bunkure, ba a fara saran ƙasa sai makaɗi ya iso. Da zarar ya ɗora gangar noma a bakin gona ya kaɗa taken wani ƙato, sai ka ga ƙura ta tashi, kowa na neman ya riga ɗan'uwansa kai kunya.

Sana'ar gado ce, kuma tana da matakai. Yaro kan fara da ɗaukar kayan kiɗan mahaifinsa, sannan a miƙa masa kazagi, ƙaramar gangar da ke raka babba. Sai hannunsa ya faɗa, ya haddace taken kowane manomi, kafin a bar masa ganga. Sakamakonsa kuwa ba albashi ba ne. Kari ne a filin gayya, da damin gero ko dawa idan kaka ta yi.

Abubuwa sun fara sauyawa bayan kammala madatsar ruwa ta Tiga a 1974. Ruwanta ne ke shayar da shirin noman rani na Kogin Kano, wanda ya ratsa Kura da Bunkure da Garun Malam ƙarƙashin Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are. Shinkafa da alkama da tumatir suka zama noman kuɗi. Mai gona ya koma ɗaukar 'yan ƙodago da hayar tarakta, maganin feshi kuma ya rage noman hannu. Inda babu gayya, wa za a kaɗa wa take?

A gidan biki ma labarin bai canza ba. Tun bayan bunƙasar Kannywood, fiyano ɗaya a sutudiyo na yin aikin makaɗa biyar, DJ kuma ya karɓe fili.

Akwai kuma tsohon ƙorafi: suna na mawaƙi ne. Kowa ya san Mamman Shata, wanda ya rasu a 1999, amma mutum nawa ne za su iya lissafa masu kalangunsa? Ba a ƙasar Hausa kaɗai ba. Tony Allen, makaɗin Fela Kuti, ya bar ƙungiyar a ƙarshen shekarun 1970 kan batun kuɗi, duk da rawar da ya taka wajen ƙirƙiro kiɗan Afrobeat. Daga baya ya fitar da faya-fayai da sunansa har ya rasu a Paris a 2020.

Makaɗin ƙauye bai samu wannan damar ba. Abin da ya rage masa shi ne filin dambe da kokawa, da hawan sallah, da kiɗan mahauta. Matsalar ita ce take ba a rubuce yake ba, a hannu da kunne yake zaune. Duk tsohon da ya rasu bai koya wa ɗansa ba, da taken garinsu ake binne shi.