Gidan Nan Nasa Ne, Ko Na Banki?

 

A littattafan soyayyar da muke rubutawa, ku kuma kuke karantawa, da wuya ki ga jarumi yana zaman haya. Kullum gidansa ne na kansa, ga get, ga falo mai sanyi, ga furanni a tsakar gida. Shi ya sa in saurayi ya zo zance ya ce, "Ai ni na gama gida, ke kaɗai nake jira," ya zaro waya ya nuna hoto, sai ki ga yarinya har ta fara zaɓen kalar labule a zuciyarta. Iyaye su yi hamdala, ƙawaye su hau guɗa, amma babu mai tambayar da wane kuɗi aka sayi gidan.

To 'yar uwa, ba kowane gida ne aka biya kuɗinsa lakadan ba. Akwai ma'aikata a Abuja da Kaduna da Kano waɗanda gidan da suke ciki na bashin banki ne, wanda 'yan boko ke kira mogej. Wannan ba abin kunya ba ne, ai Hausawa ma sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Sai dai ke ce za ki zauna a gidan nan, daga albashin da za a yi miki cefane za a riƙa cire kuɗin, shekara 20 ko 30. Don haka ya zama dole ki san lissafinsa.

Mene ne bashin gida?

Banki ne zai biya kuɗin gidan, ya miƙa wa mutum mukulli, amma ya riƙe takardun gidan a matsayin jingina. Shi kuma wanda ya ci bashin ya riƙa biya wata-wata har ya gama. Ranar da ya gama, a ba shi takardunsa. In ya kasa, banki yana da ikon bin hanyar doka ya sayar da gidan ya ɗebe kuɗinsa. Kin ga kenan kafin biyan ƙarshe, mukulli ne a hannun maigida, takarda tana hannun banki.

A ƙasar nan, bashin gida mafi sauƙi shi ne na Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa a 1992, kuma Bankin Bayar da Lamunin Gidaje na Tarayya ke kula da shi. Ma'aikaci yana zuba kashi 2.5 cikin 100 na albashinsa duk wata, sannan ya nemi bashin ta hannun bankunan gidaje, a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, biya kuma yana iya kaiwa shekara 30. Da shi zan yi mana misali, tunda shi ne mai rangwame. In kika ga yadda mai rangwamen yake, sauran ba sai an faɗa miki ba.

Ɗauko biro mu lissafa

A ce angonki ya karɓi naira miliyan 10, zai biya a shekara 30, wato wata 360. Abin da za a riƙa cira duk wata shi ne N59,955. Da jin haka sai mutum ya ce, "Haba, ai wannan ba komai ba ne, ko haya ma ta kai haka." Ba a nan gizo ke saƙar ba. Ninka N59,955 sau 360, za ki samu wajen N21,584,000. Miliyan 10 ya karɓa, miliyan 21 da rabi da ɗoriya zai mayar. Kuɗin ruwan kaɗai ya haura miliyan 11 da rabi, ya fi uwar kuɗin yawa. Gida ɗaya ya shiga, amma kuɗin gida biyu ya biya.

Yaya aka yi kashi 6 ya zama haka? Domin kashi 6 ɗin nan ba sau ɗaya ake ɗauka ba, kowace shekara ake lissafa shi a kan abin da ya rage na bashin. A watan farko, cikin N59,955 ɗin da aka cire, N50,000 cif kuɗin ruwa ne. N9,955 kacal ke zuwa rage ainihin bashin. Wata na biyu bashin ya ɗan ragu kaɗan, don haka ruwan ma ya ɗan ragu kaɗan, haka za a yi ta tafiyar hawainiya.

Bari ki ji abin da zai ba ki mamaki. Bayan shekara 10, ɗiyarki ta fari ta kusa gama firamare, maigida ya zuba wa banki kusan N7,195,000. Ke a tunaninki saura miliyan 3. In aka buɗe littafi kuwa, abin da ake bin sa ya kai wajen N8,369,000. Bayan shekara 20 ma akwai sauran kusan N5,400,000, wato har lokacin bai biya rabin uwar kuɗin ba. Ba zalunci aka yi masa a ɓoye ba, haka tsarin yake, kuma yana rubuce a takardar da ya sa wa hannu. Karantawa ce mutane ba sa yi.

Tsawon shekaru shi ne tarkon

Yanzu a ce wannan miliyan 10 ɗin a shekara 15 zai biya, a kan kashi 6 ɗin dai. Biyan wata zai zama N84,386, jimilla wajen N15,189,000. Ƙarin da zai ji a jikinsa duk wata bai kai N25,000 ba, amma ya tsira da fiye da miliyan 6, kuma ya karɓi takardunsa tun 'ya'yanku ba su shiga jami'a ba. Ƙaramin biyan wata daɗin ji ne da shi, amma shi ya fi tsada. Kallon kitse ake yi wa rogo.

Ko da an riga an sa hannu a kan shekara 30, akwai dabara. In ana ɗora N10,000 a kan biyan kowane wata, kuma banki ya yarda ƙarin ya tafi kan uwar kuɗi, bashin zai ƙare a wajen shekara 21, a tsira da kusan miliyan 4. Sai dai a fara tambaya, don akwai bankin da ke cin tarar mai biya kafin lokaci.

Wannan duk lissafin kashi 6 ne fa. Bankunan kasuwanci ba haka suke ba. A watan Nuwamba na 2024 Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin kuɗin ruwansa kashi 27.5, su kuma bankuna da wannan ma'aunin suke yanka nasu farashin. Mu ɗauki kashi 20 ma kawai don misali. Miliyan 10 a shekara 20, biyan wata N169,882 ne, jimilla ta haura miliyan 40 da dubu 700. A watan farko N3,215 ne kawai zai taɓa uwar kuɗin. Wannan bashin da a kan kashi 6 ne, N71,643 za a biya a wata. Kuma wani bankin ruwansa ba a tsaye yake ba, in kasuwa ta tashi sai ya aiko takarda ya ce biyan wata ya ƙaru.

Kuɗin da ba a faɗa a wajen zance

Galibi banki ba ya biyan kuɗin gida duka, sai mutum ya fara ajiye nasa kason a matsayin kafin alƙalami. Ga kuɗin lauya, ga na mai ƙiyasta darajar gida, ga na inshora duk shekara. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a jinginar da gidan da ke da takardar mallaka ta gwamnati sai da amincewar gwamnan jiha, wannan ma da kuɗinsa, ga na rajista. Sannan yanzu babu mai gidan haya da za a kira, in rufi ya yi yoyo ko soka-awe ya cika, maigida ne zai ji da shi.

Ƙa'idar da ake bi ita ce kada biyan wata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashi. Mai biyan N59,955 kenan ya kamata albashinsa ya kai N180,000, alhali mafi ƙarancin albashin da aka sa wa hannu a 2024 N70,000 ne. Banki kuma yana duba shekarun da suka rage wa mutum kafin ritaya. Ma'aikacin gwamnati ɗan shekara 45 ba zai samu shekara 30 ba, dole biyansa na wata ya yi nauyi.

Gaskiya ɗaya ce, bashin yana da nasa amfanin. In ruwan a tsaye yake, N59,955 ɗin yau ita ce dai bayan shekara 15, alhali kuɗin haya kullum hawa yake, darajar gida ma tana iya ƙaruwa. Mai biyan haya shekara 30 zai tashi ba ko bulo ɗaya. Amma wannan amfanin na wanda albashinsa bai yanke ba ne, kuma yake ƙaruwa. Tsadar kaya ta kai kashi 34.8 a watan Disamba na 2024, kuma a irin wannan lokacin shinkafa da kuɗin makaranta su ke cinye abin da banki ya rage.

Akwai wata yayar ƙawata da ta yi shekara 6 a gidan da ta ɗauka na mijinta ne halak malak. Ba ta san da bashi ba sai da kamfaninsu ya rage ma'aikata, takardun gargaɗi suka fara zuwa. Ta sayar da sarƙar gwal ɗin da mahaifiyarta ta ba ta, ta kwashi adashinta ta zuba, duk da haka abin ya gagara. Da aka sayar da gidan, banki ya ɗebi nasa, aka cire tara da kuɗin lauya, abin da ya rage bai fi na kama haya ba. Abin da ya fi ƙona mata rai ba rashin gidan ba ne. Cewa take da ya gaya mata tun farko, da ba ta matsa a canza kujeru ba, da ta riƙe sana'arta ta ɗinki sun haɗu sun rage bashin.

Maganar addini

Na san da yawa cikinku tun ɗazu kuke cewa, "To ai kuɗin ruwa riba ce." Haka ne, malamai sun yi bayanin haramcin riba, kuma wannan tambaya ce da ya kamata a kai wa malami kafin a sa hannu, ba bayan an tare ba. Yanzu akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, kamar Jaiz da ya fara aiki a 2012, da TAJBank a 2019, da Lotus a 2021. A tsarin kuɗi na Musulunci akwai murabaha, inda banki zai sayi abu ya sayar maka da ribar ciniki sananna, ka biya a hankali. Akwai kuma tsarin tarayya, ku mallaki gidan tare da banki, kana biyan hayar kasonsa kana kuma sayen kason kaɗan-kaɗan. Amma kada ki ɗauka kyauta ne. Nan ma sai a tambayi jimillar abin da za a biya.

Sannan ki sani, in mutum ya rasu, bashi ake fara biya kafin a raba gado. Gidan da kike ganin zai rufa wa marayu asiri, banki ne a gaba. Wasu basussukan suna da inshorar da ke biyan sauran in mai bashi ya rasu, wasu ba su da ita.

Abin da za ki tambaya

Ba cewa na yi ki tare saurayi a zaure kina yi masa tambayoyin kotu ba. Lokacin binciken aure, ki gaya wa Umma ta sa Baffa ko Kawu su tambaya cikin mutunci. In kuma kun shaƙu, ki bari sai ransa na daɗi ki ce, "Yaya, don Allah gidan nan an gama biya kuwa? Ina so ne in san yadda zan riƙa tattali." Namiji mai gaskiya ba zai ji haushi ba.

In ya ce akwai bashi, abubuwan da za ki sani ba su da yawa. Nawa ake cira a wata, kuma nawa ke saura a albashi? Shekara nawa suka rage? Nawa ne jimillar abin da za a biya? Ruwan a tsaye yake ko yana canzawa? Me zai faru in aiki ya tsaya ko aka yi rashi? Kowane banki yana da jadawalin biya mai nuna ruwa da uwar kuɗi wata bayan wata, ku zauna tare ku duba.

In kuma za ki sa kuɗinki, na gado ne ko na sana'a ko sadakinki, a rubuta ko rance ne ko kaso ne kike da shi a gidan, a sa shaidu. Wannan ba rashin yarda ba ne. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu take magana.

Ku kuma ƙannena da ke gudun darasin lissafi kuna cewa me zai yi wa mace a ɗakin miji, to ga amfaninsa kun gani. Wata rana ke ce ma za ki zama ma'aikaciyar da za a miƙa wa fom ɗin. Kafin ki sa hannu, ki ninka biyan wata da yawan watanni, ki dubi abin da ya fito da kyau, sannan ki yanke shawara. In kunne ya ji, jiki ya tsira.

Allah Ya ba 'yan matanmu mazaje nagari masu faɗin gaskiya, Ya rufa mana asiri, Ya raba mu da bashin da ya fi ƙarfinmu. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu. Wassalam.