Fim Ɗaya, Kwafi Dabam-Dabam

A shekarar 1982 aka fitar da Blade Runner a Amurka, ƙissar Deckard, mai farautar mutanen da aka ƙera domin bauta. Masu jari suka ga ma'anarsa ta faye zurfi, suka sa aka ƙara muryar mai sharhi da ƙarshe mai daɗi. Duk da haka bai yi kasuwa ba.

Da wani tsohon kwafi ya ɓulla a 1990, sai aka farga. Kwafin 1992 ya shafe sharhin, ya shigo da mafarkin doki mai ƙaho ɗaya, shakka ta faɗa zukata: shin Deckard ɗan Adam ne? Ridley Scott, mai shirya fim ɗin, ya ce ƙerarre ne. Harrison Ford, wanda ya fito a matsayin Deckard, ya daɗe yana musu. Wannan saɓani ya tara masa masoya tun kafin kwafin 2007, wanda shi kaɗai Scott ya tsara da cikakken iko.