Kafin Ka Fesa Fenti a Bangon Wani

Matashin da ya ɗauki gwangwanin fenti cikin dare ya nufi katangar makaranta ko ƙarƙashin gada, a ganinsa fasaha zai nuna. Ita kuwa doka ba kyan zane take fara dubawa ba. Abin da take tambaya shi ne: bangon na wane ne, kuma mai shi ya yarda?

A Ingila da dokar ɓarnata dukiya ta 1971 ake kama masu zanen bango. Ko Banksy, mai zanen bangon da ya taso daga garin Biristol, shekara da shekaru ya yi yana ɓoye sunansa, alhali an sayar da wani zanensa a gwanjo kan sama da fam miliyan 18 a 2021. A Singafo abin ya fi tsanani. A 1994 kotu ta yanke wa Michael Fay, Ba'amurke ɗan shekara 18, ɗaurin wata huɗu da bulala shida saboda fesa wa motoci fenti. Shugaban Amurka na lokacin, Bill Clinton, da kansa ya sa baki, amma bulala biyu kacal aka rage masa.

Sai dai idan da izini aka yi zanen, reshe na iya juyewa da mujiya. A unguwar Kwins ta birnin Niyok, mai wani tsohon gini da ake kira 5Pointz ya bar masu zane suna ƙawata bangonsa shekaru da yawa. A Nuwamban 2013 ya sa aka shafe komai da farin fenti cikin dare ɗaya, don zai rushe ginin. Masu zanen suka kai shi ƙara. A 2018 alƙali ya ce ya biya mutum 21 dala miliyan 6.75 kan zanuka 45, bisa wata dokar 1990 mai kare haƙƙin masu zane. Ginin nasa ne, ba shakka, amma gaggawar ta ja masa.

Mu dai ado a bango ba baƙonmu ba ne. Dagin da magina ke fitarwa a fuskar gidajen Zariya ya isa shaida, kuma maigida ne ke kiransu ya biya su. Don haka duk mai sha'awar wannan sana'a ya nemi yardar mai bango a rubuce, a faɗi tsawon lokacin da zanen zai zauna da wanda ke da ikon gogewa. In ginin hukuma ne, a je ofishin da ke kula da shi a karɓo takarda tukuna.