Vigneron: manomin inabi ne, ko mai giya?

Duk wanda ya yi makarantar boko a ɓangaren Faransanci na Kamaru ya taɓa cin karo da kalmar vigneron. Tana cikin littattafan karatu, tana fitowa a dikte. Yaro zai haddace rubutunta, ya koyi yadda ake furta g da n idan sun haɗu, ya wuce abinsa. Amma tsayar da shi ka ce ya faɗa maka da Hausa ko wane ne wannan mutum, sai ka ji amsa iri biyu. Wasu su ce manomi ne. Wasu su ce, "Malam, ai mai giya ne." A azuzuwan da na koyar, amsa ta biyu ce ke rinjaye, kuma da zarar an faɗe ta sai yara su yamutsa fuska, darasin ya mutu a nan.

Kowace daga cikin amsoshin nan tana da rabonta na gaskiya. Wurin da suka rabu kuwa ya shafi addininmu, ya shafi abin da muke saya a kasuwa, har da aikin da samarinmu ke tsallaka teku su je nema.

Kalmar ta fito ne daga vigne, wato itacen inabi. Ita kuma vigne daga Latin take, vinea, wadda tushenta vinum ne, giyar inabi. Ke nan yaron da ya ce "mai giya" hancinsa bai yi ƙarya ba, warin yana can cikin saiwar kalmar. Sai dai asalin aikin vigneron a gona yake. Shi ne mai dasa itacen, ya jira wajen shekara 3 kafin ya ga amfanin fari, ya datse rassa a lokacin sanyi, ya ɗaure sababbin a jikin waya, ya yi ta fama da ƙwari da ƙanƙara har watan Satumba da ake girbi. A ƙarni na 19 Faransawa suka ƙirƙiro wata kalma daga Latin, viticulteur, daga vitis, itacen inabi, da cultor, mai noma. Yau masu sana'ar suna bambanta su kamar haka: viticulteur yana noma inabi, ya sayar wa ƙungiyar haɗin gwiwar manoma ko wani kamfani, shi ke nan aikinsa ya ƙare. Vigneron kuwa yana noma, ya matse da kansa, ya tsima, ya ɗura a kwalba da sunansa a jiki. Akwai ta uku, vendangeur, ɗan ƙwadagon da ake ɗauka na makonni kaɗan don tsinkar inabi. Talakan Bafaranshe a hira yakan gauraya biyun farko, shi ya sa ƙamus ɗin ɗalibai ba ya kashe gardamar.

Tsohuwar ma'anar ba ta mutu ba. A garin Vevey na Suwizalan, bakin tafkin Janeba, akwai bikin da ake kira Fête des Vignerons, wanda aka fara a 1797. Ba kowace shekara ake yin sa ba, kusan sau ɗaya a tsara: 1955, 1977, 1999, sai 2019. Hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya a 2016. Abin da ya burge ni game da shi, waɗanda ake naɗa wa kambi a dandalin ma'aikatan gona ne, masu kula da itatuwan wasu, bayan ƙwararru sun yi ta zagaya gonakin suna duba ingancin aikinsu. Kamar dai a ce sarkin noma a wurinmu.

To, mu Hausawa me za mu ce? Harshenmu gwani ne wajen raɗa wa mai sana'a suna. Daga ƙira aka sami maƙeri, daga jima majemi, daga rini marini, daga saƙa masaƙi, daga su masunci. Ba mu da kalma guda ta mai noman inabi, kuma ba abin kunya ba ne, tunda kakanninmu ba su noma shi ba. Sunan 'ya'yan ma aro ne daga Larabci: inab ya zama inabi, zabib ya zama zabibi, busasshen nan da ake sa wa a shinkafa ko a kawo tsaraba daga Makka. Abin da yaron karkara ya sani mai kama da shi shi ne faru, wanda Faransancin Afirka ta Yamma ke kira inabin daji, alhali itace ne mai tsayuwa da kansa, ba danginsa ba ne. Hausawa Kiristoci suna da kalmar kuringa a fassararsu ta Littafi Mai Tsarki, suna cewa kuringar inabi don itacen mai yaɗo. Kalma ce mai kyau, ban ga dalilin da zai hana mu amfani da ita a aji ba. Maƙwabtanmu masu zuwa coci da Faransanci kuwa sun saba jin vigneron tun suna yara daga misalan Linjila, kuma a kunnensu ma'aikacin gona ne kawai. Shi ya sa ɗan Kirista da ɗan Musulmi ke zaune benci ɗaya, su karanta kalma ɗaya, kowa ya ga mutum daban.

Yanzu ma Hausawa sun shiga sana'ar. A ƙaramar hukumar Kudan kusa da Zariya, a jihar Kaduna, ana noman inabi a kan rumfuna, ana kai shi kasuwanni a ci ɗanye. Su da kafofin labarai duk "manoman inabi" suke cewa. Ba wanda ya zauna ya ƙirƙiro wannan suna, baki ne ya samar da shi, kuma ya wadatar. Bafaranshe zai kira su viticulteurs. Da zai ce musu vignerons, su ji abin da kalmar ke ɗauke da shi a yau, da an yi rigima.

Larabawa ma sun sha wannan tirka kafin mu. A harshensu ana kiran itacen karm, mai kula da shi karram. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Manzon Allah (SAW) ya hana a kira inabi da sunan karm, ya nuna cewa zuciyar mumini ce ta cancanci wannan suna. A wata ruwayar Muslim an ba da madadi, a ce inab ko habala. Malamai sun bayyana dalili: Larabawan jahiliyya suna danganta sunan da karamci, wai giya tana sa mutum ya buɗe hannu ya yi kyauta. Aka so a raba itacen da wannan yabo na giya. Ku lura fa, ba itacen aka la'anta ba, suna aka gyara masa. Alkur'ani ya ambaci inabi sau 11, mafi yawa cikin jerin ni'imomi. A Suratul Kahfi akwai labarin mutumin da aka bai wa gonaki biyu na inabi. A Suratun Nahli an ambaci abu biyu da ake samu daga dabino da inabi, abin maye da kyakkyawan arziki, an raba su. Kuma duk wanda ya karanta sira ya san Addas, bawan nan Kirista mutumin Ninawa, wanda ya kawo wa Annabi nonon inabi a gonar Utba da Shaiba ranar da mutanen Ɗa'ifa suka jefe shi.

Fiƙihu ma a kan wannan tsaga ya tsaya. Hadisin da Tirmizi da Ibn Majah suka ruwaito ya lissafa mutum 10 da aka la'anta a kan giya, daga mai matsa ta, da mai ɗauka, da mai sayarwa, har mai cin kuɗinta. Noman inabi shi kansa halal ne, sayar da shi a kasuwa halal ne. Amma a mazhabarmu ta Malikiyya ba ya halatta ka sayar wa mutumin da ka san giya zai yi da shi, don toshe ƙofar ɓarna. Wato hukuncin yana bin inda inabin zai nufa ne. Fassarar da ta haɗe manomi da mai matsa cikin kalma ɗaya ta shafe daidai layin da malamai suka ja.

Idan yaro ya tashi da tunanin duk mai gonar inabi mai giya ne, ya zalunci miliyoyin Musulmi ba tare da ya sani ba. Kusan rabin inabin duniya ne ake matsewa a yi giya, sauran ci ake yi ɗanye, ko a busar, ko a yi ruwansa. Turkiyya, Iran, Masar, Afganistan da Uzbekistan duk manyan masu nomansa ne, kuma mafi yawan nasu na ci ne da zabibi. A Turfan da ke yammacin Sin, Uigurawa suna shanya shi a ɗakunan tubali masu huji-huji don iska mai zafi ta ratsa. Waɗannan duk manoman inabi ne, ba ruwansu da kwalba.

Ni abin da nake yi a aji ke nan. Ba na bai wa yara fassara ɗaya. Ina ce musu su duba abin da mutumin yake yi a cikin labarin. In yana tsakanin layukan itatuwa da almakashi a hannu, "manomin inabi" ne. In ya gangara ɗakin ƙasa wurin ganguna, "mai haɗa giyar inabi" ne. In labarin ya nuna duka biyun, a faɗi duka biyun, ko da jimlar ta yi tsawo. Masu fassara labarai a gidajen rediyo ma ina roƙonsu su riƙa yin wannan ɗan wahalar. Ɗauki boren da aka yi a kudancin Faransa a 1907, lokacin da dubban ɗaruruwan mutane suka cika birnin Montpellier ƙarƙashin jagorancin Marcelin Albert. In ka ce "boren masu giya", mai sauraro zai zaci mashaya ne suka tayar da hankali. In ka ce "boren manoman inabi" ka yi shiru, ka ɓoye masa cewa faɗuwar farashin giya da jabun da ake haɗawa da sukari ne suka fito da su titi.

Tarihin Aljeriya ya nuna wata fuskar da ta fi ciwo. Daga shekarun 1860 wani ɗan ƙwaro mai suna filoksera, da ya zo daga Amurka, ya cinye saiwoyin gonakin Faransa, har sai da aka gano dabarar yi wa itatuwan aure da saiwar Amurka, kamar yadda muke yi wa mangwaro. Kafin gonakin su farfaɗo, Turawan mulkin mallaka suka rufa kan ƙasar Aljeriya da dashe. A shekarun 1930 gonakin sun kai wajen hekta 400,000, kuma dab da samun 'yanci a 1962 babu ƙasar da ta kai Aljeriya fitar da giya zuwa waje, ƙasar da mafi yawan mutanenta ba sa sha. Baturen da ke da gonar shi ake kira vigneron. Musulmin da ya datse rassan, ya yi noman, ya tsinke, sunansa lebura. Bayan 'yanci Faransa ta rage saye, gwamnatin Houari Boumédiène ta sa aka tumɓuke gonaki masu yawa a farkon shekarun 1970.

Wannan rabon suna bai ƙare ba. Kowace kaka dubban baƙi ne ke tsinkar inabi a Faransa, Italiya da Sifaniya, cikinsu har da 'yan Afirka ta Yamma. A girbin 2023 a yankin Champagne an gano ma'aikata sama da 50, yawancinsu daga Mali, Muritaniya, Senegal da Kodebuwa, an cusa su a wani ruɓaɓɓen gida ba tsabta ba isasshen abinci. A 2025 kotu ta samu waɗanda suka ɗauke su aikin da laifin safarar mutane. Ba masu gonakin ne suka ɗauko su kai tsaye ba, kamfanin 'yan kwangila ne ya shiga tsakani.

Saurayin da wani dillali ya turo wa takarda ta WhatsApp, ya ce masa "aikin gona ne kawai", ya karanta ta da kyau kafin ya sayar da babur ɗinsa. In ya ga vendanges, aikin makonni biyu ko uku ne, ba na shekara ba. In ya ga raisin de table, inabin ci ne. In ya ga raisin de cuve, ko cave, ko chai, to wurin matsa da tsimi aka dosa, ya je ya tambayi malaminsa tun yana gida. Sannan ya nemi sanin sunan wa ke kan kwangilar, mai gonar ko ɗan kwangila, da kuma wanda zai ba shi wurin kwana.