Sarkin kadojin Sahara

A unguwar Tahagart ta birnin Tamanrasat, yara sun san yashi, sun san duwatsun Hogar, sun san raƙumi. Ƙoramar garin busasshiya ce, ba ta kawo ruwa sai in an yi ruwan sama a kan duwatsu. Yawancin yaran ba su taɓa ganin kada ba sai a hoto. Amma a can can da, wani irin kada mai girman gaske ya yi zama a ƙasar da ta zama hamada yau.

Lokacin da hamada take da koguna

Shekara wajen miliyan 110 da suka wuce, babu ɗan Adam a duniya. Sahara ba hamada ba ce a lokacin. Akwai manyan koguna, da tafkuna, da itatuwa, da kifaye masu girma. In dabba ta mutu a bakin kogi, laka da yashi sukan binne ta. Naman ya ruɓe, ƙashin kuwa ya daɗe a ƙasa har ya koma dutse. Irin wannan ƙashi shi ake kira fosil.

Duwatsun Hogar ba su ajiye irin wannan ƙashi ba, don sun girmi kadoji ƙwarai, wasunsu kuma daga aman wuta suka fito. Ana samun ƙasusuwan a cikin dutsen yashi, arewa da Hogar da kuma kudu da shi.

Yadda aka gano shi

Tsakanin 1946 da 1959, wani masani ɗan Faransa, Albert-Félix de Lapparent, ya yi ta yawo a Sahara yana neman fosil. Kusa da garin Awlef, a Aljeriya, da wasu wurare, an tsinci haƙora da gutsattsarin ƙashi na wata babbar dabba. A 1964, masu neman uraniyom suka tarar da ƙoƙon kanta kusan cikakke a Gadafawa, kudu maso gabas da Agadas, a Nijar. Aka kai shi Paris. A 1966, masana biyu, France de Broin da Philippe Taquet, suka raɗa wa dabbar suna *Sarcosuchus imperator*. Kalmar ƙarshe tana nufin sarki. A 1997 da 2000, Paul Sereno na Amurka da abokan aikinsa suka tono wasu ƙasusuwan a Gadafawa.

Kamanninsa

Kansa kaɗai ya kai mita 1 da santimita 60, wato tsawon mutum. Bakinsa dogo ne, da haƙora 132. A ƙarshen hancinsa akwai wani babban kumburi. Bayansa yana rufe da faya-fayan ƙashi kamar sulke. A 2001 an ƙiyasta tsawonsa mita 11 zuwa 12. A 2019 wasu masana suka sake lissafi, suka ce mita 9 ne zuwa 9 da rabi, nauyinsa kuma wajen tan 4. Ko da haka, ya fi duk wani kada na yau girma nesa ba kusa ba. Idanunsa a saman kai suke, don haka yana iya ɓuya cikin ruwa yana kallon gaɓa. Yana cin manyan kifaye, wataƙila har da ƙananan dinozor da suka zo shan ruwa.

Su wane ne danginsa?

Kamar yadda mutane suke da gida da zuri'a da ƙabila, haka masana suke rarraba dabbobi. Suna duba ƙashin kai, da haƙora, da ƙafafu, su ga wa ya haɗa kaka da wa.

Kada yana cikin dabbobi masu jan ciki, tare da damo, da guza, da ƙadangare, da maciji. A ido, kada ya yi kama da guza. Amma ƙashinsa ya nuna ya fi kusa da dinozor da tsuntsaye. Ke nan zakara ya fi guza kusancin zumunci da kada.

Kadojin da suke raye yau gida uku ne:

1. Kada na ainihi, irin na kogin Nil da kogin Kwara.
2. Aligato da kaiman, na Amurka da ƙasar Sin.
3. Gabiyal mai siririn baki, na Indiya da maƙwabtanta.

*Sarcosuchus* ba ya cikin ko ɗaya daga gidajen nan uku. Gidansa dabam ne, ana kiransa *Pholidosauridae*, kuma ya ƙare ƙaf. Saboda haka shi ba kakan kadan yau ba ne, ɗan uwan kakanninsa ne. Shi kuma ba dinozor ba ne, ko da yake sun yi zamani ɗaya.

Yana da wasu dangi a ƙasashenmu. A Nijar an sami *Kaprosuchus*, mai dogayen haƙora kamar na gadu, aka sa masa suna a 2009. A ƙasar Sakkwato an sami *Sokotosuchus*, wanda aka sa wa sunan garin a 1975. A Barazil ma an sami wani *Sarcosuchus*. Bai ƙetare teku ba: a lokacin, Afirka da Amurka ta Kudu a haɗe suke.

Abin da ya rage

Ƙananan kadoji sun daɗe a Sahara. Mutanen da sun zana su a jikin duwatsun Tasili. A tafkunan dutse na Ihrir, kusa da Janet, an ga kada har farkon ƙarni na 20, sannan ya ɓace. Yau saura kaɗan a tafkin Arshe na Cadi da kuma Muritaniya.

Ƙasusuwan ma suna iya ɓacewa. Iska tana tone su, tana cinye su. Wasu mutane suna kwashe su, su sayar wa baƙi. Ƙashin da aka ɗauke daga wurinsa ya yi asarar rabin labarinsa, don dutsen da yake ciki shi ke faɗin shekarunsa. Wanda ya ga irin wannan ƙashi a daji, kada ya fasa shi, kada ya ɗauka. Ya lura da wurin, ya gaya wa malaminsa na lakwal ko hukuma. Wanda ya je Yamai kuwa, yana iya ganin ƙasusuwan sarkin kadoji a gidan tarihi na Bubu Hama.

Kalmomi

kada: le crocodile
fosil: le fossile
dabba mai jan ciki: le reptile
ƙoƙon kai: le crâne

Tambayoyi

1. Ta yaya ƙashi yake komawa dutse?
2. A ina aka sami ƙoƙon kan *Sarcosuchus*, kuma a wace shekara?
3. Tsakanin guza da zakara, wane ya fi kusa da kada?
4. Ku auna mita 9 a filin lakwal. Yara nawa za su kwanta a jere su cika shi?